Hoton Istifanus

Jiya wani saurayi ya shigo shagona in buga masa takardar neman aiki, ya tsaya a kaina kamar mai jiran mota. Can ya ce, "Baba, ai aikin nan naku ba wuya, danne-danne ne kawai. Ni ma da wayata zan iya." Na ci gaba da aikina, don kuskure huɗu ne a layinsa na farko kuma ni ke gyara masa su. Amma maganar ta bi ni har gida, ta hana ni jin daɗin tuwo. Ku samarin da kuke ganin duk wanda ya sayi kwamfuta da firinta ya kama shago a bakin titi ya zama mai sana'a, ku zauna in gaya muku abin da ke ciki. Ni dai ban iya zama wuri ɗaya ba, ko yanzu ƙafata rawa take a ƙarƙashin tebur, amma ku ku zauna. Sunana Haruna, na fi shekara talatin ina buga wa mutane takardu a Kontagora.

Takarda ta farko da na buga da hannuna ƙorafi ce ta wani manomi daga Rijau da shanu suka shiga masa gonar dawa. A lokacin ina koyon aiki wurin Malam Ndagi, wani Banufe mai tafireta da ke zama ƙarƙashin mangwaro kusa da kotu. Wata bakwai na yi ban taɓa haruffan injin ba. Nawa dai in ɗauko shi da safe, in mayar da yamma, in jera farar takarda uku da kabon biyu a tsakaninsu. Ran da ya ce in zauna, sai na kuskure sunan mutumin. Malam Ndagi bai yi faɗa ba. Ya zare takardun uku ya yage su a gaban manomin, ya ce, "Haruna, bawan Allahn nan tun asuba ya baro gida. In alƙali ya kira sunan da ka rubuta, wa zai amsa?" Na sake daga farko, gumi na ɗiga a wandona.

Abin da ya fi ƙona min rai da shi shi ne Asabar. Da an yi azahar sai ya daina karɓar aiki, ko mutum goma ne a kan benci. Ya shimfiɗa tsumma, ya fito da tsohon buroshin haƙori da kwalbar kananzir da man keke, ya bi haruffan nan ɗaya bayan ɗaya yana sakace dattin tawada da tsinke. Mutane su yi tsaki su tashi su tafi wurin wani, ni kuwa ina kallon abinci na tafiya da ƙafarsa. Wata rana na kasa daurewa na ce, "Malam, injin nan fa lafiyarsa ƙalau. Mu bari sai ranar da babu mutane mana."

Ya dube ni ta saman tabarau. "Yaushe ka taɓa ganin ranar da babu mutane? In ba ka ba shi ranarsa ba, shi zai zaɓa da kansa, kuma ba zai tambaye ka ba."

A raina na ce tsufa ne ya fara taɓa shi.

Da kwamfuta ta shigo gari ina cikin na farko-farko da suka koma mata. Malam Ndagi ya rasu ya bar min tafiretarsa, na naɗe ta a buhu na tura ƙarƙashin kanta, na ce an gama da kananzir da tsinke. Amma aikin yana nan yadda yake, kuma yatsu su ne ƙarshensa. Wani hedimasta daga Kumbashi ya taɓa kawo min tambayoyin jarrabawa a rubutun hannu, ruwa ya dake shi a kan babur, rabin tawadar ta narke. Na zauna da shi muna ɗaga takarda a hasken ƙofa, ina karantowa yana tunowa, har muka fitar da duka. Wannan ba a danna shi. Tsohuwar da ba ta karatu in ta kawo maka wasiƙa, sai ka karanta mata abin da ka buga da ƙarfi, sau biyu, ka ga ta gyaɗa kai, sannan ka ba ta ta dangwala. Da damina takarda kan sha sanyi ta manne, firinta ta ja biyar a haɗe ta shaƙe. Hodar fotokwafi in ta yi ƙasa sai ka ciro ta ka girgiza a hankali, ba irin girgizar kunun zaƙi ba. Kowane ɗan filash na ajiyar takardu da aka miƙo maka ka ɗauka da cuta a cikinsa har sai ka duba. Ba wanda zai gaya maka waɗannan a wayarka.

Ga kuma wuta, wadda kun san halinta a garin nan ba sai na ɓata bakina ba. Bango ɗaya ne tsakanin shagona da na wata tela, Maman Ayuba, mutuniyar Kaboji. Shekaru da yawa da suka wuce muka haɗa hannu muka sayi ƙaramin janareta, muka aje shi a bayan shagonta don ita ke da lungu mai ƙofar ƙarfe. Mabuɗin lungun yana hannunta. Janaretan na ɗaukar kwamfutata da firinta da kekenta na lantarki ba gardama, amma da ta jona dutsen guga sai ya yi tari, wani lokaci ya mutu murus. Sai muka yi wa abin tsari. Kafin ta jona sai ta ɗaga murya ta bayan bango da Hausarta irin ta mutanen can, "Malam, guga!" Ni kuma in adana abin da nake bugawa, in kashe abin da zan kashe, in amsa, "Bismillah!" Ba ta taɓa mantawa ba, ko da tana tsakiyar ciniki. In takarduna sun sha sanyi ma ita ke bin min su da dutsen gugan su bushe.

Akwai ɗan akwatin batir da ake sa wa kwamfuta don ya riƙe ta in wuta ta ɗauke. Nawa batirinsa ya mutu, na ce zan canza, sai na ga ai ina da Maman Ayuba, muryarta ta fi kowane batir. Na bar shi a ƙasa ina ɗora ƙafa a kai.

Hoton fasfo ɗaya na tuna a cikin dubban da na ɗauka a jikin farin ƙyallen da ke bayan ƙofata, shi ne na Istifanus, mijin Maman Ayuba. Mai injin niƙa ne, kullum girarsa fari fat da gari, kuma abokin tsokanata. Shi ya fara kirana Mai Danne-danne tun kafin a haifi wannan saurayin na jiya, amma shi da dariya yake faɗa. Mutumin nan ya ƙi jinin hoto. Ko a bikin 'yarsa, duk inda aka ɗaga waya sai ya sunkuyar da kai ko ya ja hula ya rufe fuska. Sai da ƙungiyar masu niƙa suka ce dole kowa ya kawo fasfo sannan matarsa ta jawo shi da hannu har shagona. Ya zauna ya murtuke kamar an kawo shi wurin cire haƙori. Na ce, "Istifanus, goge girar nan, kada a ce tsohon biri aka ɗauka." Ya fashe da dariya, na danna. Ya fito da haƙoransa duka a waje, idanu a ƙanƙance, shi sak. Ya ce in goge. Na ɗauki wani mai murtukewar na wanke masa, wanda daga baya aka wanke shi tare da katin ƙungiyar a aljihun riga ya zama dusa. Mai dariyar kuwa na bar shi a kwamfuta, wani lokaci in buɗe in kira shi ya gani, ya yi kamar zai jefe ni da takalmi.

To, yanzu mu zo kan abin da kuke kira afdet. Kwamfuta kan buƙaci ta sabunta kanta lokaci-lokaci, ta sauko da gyare-gyare ta intanet, sannan ta mutu ta tashi ta shigar da su. Tana cikin shigarwar nan ba a taɓa ta, ba a kuma yanke mata wuta, ko da za ta yi awa biyu. Kafin ta fara takan fito da ɗan saƙo a gefe tana tambaya, yanzu ko sai an jima? Ni kuwa tun da nake ban taɓa ganin saƙon nan a lokacin da ya dace ba. Kullum sai ga mutum a kaina, motar ƙauyensu na shirin tashi. Sai in danna sai an jima. Gobe ya dawo. In danna. Har hannuna ya saba, yakan kai maus wurin tun kafin idona ya karanta. Wani lokaci har magana nake masa: "Kai dai ba ka da aikin yi. Wa ya aike ka?"

Ba wai ban san amfaninsa ba ne, kada ku ɗauke ni jahili. Rana ce na rasa. Na ce Juma'a, lokacin da na tafi masallaci. Amma wa zai bar janareta na shan mai a kan shagon da ba kowa? Na ce Lahadi da gari ke shiru. Lahadi Maman Ayuba tana coci, daga can ta wuce taron mata, mabuɗin lungu na ƙulle a bakin zanenta. Na ce in an kawo wuta. In an kawo ta kuwa kowa rige-rige yake ya kwashe aikin da ya taru kafin a ɗauke, kuma ba ka san minti nawa za ta yi ba. Haka abin ya zauna min kamar tsakuwa a takalmi, ina jin sa kullum, ban tsaya na cire ba.

Sai ga shekarar da fetur ya yi tashin da kowa ya sani. Wannan ita ce muguwar shekarata. Rim ɗin takarda ya bi fetur, hoda ta bi takarda, data ta bi su duka. Ɗalibai suka koma tura wa malamansu aiki ta waya, masu biki suka daina buga kati. Mukan kunna janareta ne in aiki ya taru, mu kashe da zarar an gama, har na iya sanin sauran man da ke tanki daga jin ƙararsa. A irin wannan hali wata na'ura ta ce in ba ta awa biyu ta yi wa kanta kwalliya? Na shiga cikinta na nemo inda ake ɗage abin na makonni, na ɗage. Ya cika, na sake ɗagewa. Faifan da take ajiye komai a ciki ma ya fara wani ɗan ƙara in ta yi zafi. Na ce zan kwashe hotuna da takardun mutane in zuba a wani wuri. Shi ma na ce sai an jima.

Cikin daminar wannan shekara Istifanus ya faɗi a wurin injinsa ranar Talata, kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa. Na ji mutuwar nan ƙwarai. Aka sa jana'iza Asabar a Kaboji, motar da za ta ɗauko shi daga mutuware za ta biyo ta gaban shagunanmu ta kwashi mutane da ƙarfe goma sha ɗaya, don a rufe shi kafin hadarin yamma. A wurinsu akan buga takardar tsarin jana'iza a raba wa kowa, da waƙoƙi da tarihin mamaci da hotonsa a gaba, mutane su tafi da ita gida su aje a cikin Littafi Mai Tsarki. Na buga irinta ba adadi. Ɗansa Ayuba, malamin makaranta ne a Rijau, ya kira ni ya ce sun duba wayoyin gida kaf, babu inda fuskar babansu ta fito.

Na ce, "Kwantar da hankalinka, Ayuba. Babanka yana wurina, yana dariya ma."

Ran Juma'a da la'asar na gama tsara komai, na sa hoton a tsakiyar shafin farko. Sunayen jikoki kawai suka rage, da Ayuba zai zo da su da safe. Na leƙa shagon Maman Ayuba, tana zaune a tabarma mata sun kewaye ta. Na durƙusa na ce, "Maman Ayuba, ki zo ki gan shi, yana dariya."

Ta girgiza kai. "Ba zan iya yau ba, Malam. Gobe na gan shi a takarda."

Da na buga mata ko guda ɗaya a lokacin, da ba wannan labarin nake ba ku ba. Na duba tanki, na ce gobe a buga gaba ɗaya. Da zan kashe kwamfuta saƙon ya fito, wannan karon da wani dogon bayani a ƙasa. Ban karanta ba. Hannuna ya yi abin da ya saba.

Asabar ƙarfe takwas da rabi Ayuba ya shigo, idanunsa jajur, ya miƙo min takardar sunaye. Na tayar da janareta, na shigar da sunayen, ya duba ya ce daidai. Na miƙe in zuba takarda a firinta. Kafin in juyo, fuskar kwamfutar ta zama shuɗiya, wasu ɗigo-ɗigo na zagayawa, da rubutu cewa tana aikin sabuntawa, kada a kashe. Kashi biyu cikin ɗari. Na ɗage har na kai iyakar ɗagewa, abin da bayanin jiya ke gaya min ke nan.

"Baba Haruna, me ya faru?"

"Ba komai. Yanzu za ta gama."

Ban san lokacin da na fara zagaye shagon ba. In je ƙofa in duba titi, in dawo in duba lamba. Bakwai. In fita bayan shago in girgiza janareta in ji motsin mai, in dawo. Bakwai. Na share teburin da ba datti, na ƙirga takardun da na riga na ƙirga. Ƙarfe tara da kwata tana sha tara. Ayuba ya ce, "Baba, kashe ta ka kunna mana. Wayata in ta yi haka abin da nake yi ke nan."

Na daka masa tsawa, mutumin da ubansa ke kwance a mutuware. "Kada ka taɓa min ita!" Ya ja baya ya zauna. Na aika a sayo min mai a galan wurin 'yan bumburutu, na tsiyaya a tanki yana aiki, abin da nake hana kowa yi. Ƙarfe goma saura kwata ta yi tsalle zuwa sittin da ɗaya, na ce alhamdu lillahi, minti ashirin sun ishe ni bugawa. Mata sun fara fitowa da kaya suna jerawa a bakin titi, wasu na rera waƙa ƙasa-ƙasa.

Sai janareta ya yi tari sau biyu ya mutu. Fuskar kwamfuta ta yi baƙi.

Na ruga ta baya. Ƙofar shagon Maman Ayuba ta baya a buɗe, ga ƙanwar Istifanus da ta zo daga ƙauye, tsaye da dutsen guga a hannu, ta shimfiɗa farar kaftaninsa da za a kai a sa masa. Baƙuwa ce, ina za ta san ana kiran wani ta bayan bango? Mai kiran kuwa tana can gaba a tabarma, ba ta ma san inda kanta yake ba. Matar ta dube ni ta ce, "Wutan ya tafi, ko? Saura hannu ɗaya." Na koma shagona na zare wayar kwamfuta daga bango, na ja igiyar janareta ya tashi, na ce mata, "Ƙarasa, baiwar Allah." Na tsaya har ta gama hannun rigar.

Da na mayar da wuta, kwamfutar ta nuna tana gyara kanta, ta tsaya cak. Nan ne na yi abin da na hana Ayuba. Na kashe na kunna. Na sake. A na uku faifan ya fara ƙyat, ƙyat, ƙyat, kamar ƙadangare a cikin kwali. Duk wanda ya daɗe a sana'ar nan ya san wannan ƙarar. Agogo ya ce goma da minti goma.

Na durƙusa na jawo buhun da ke ƙarƙashin kanta. Tafiretar Malam Ndagi ta yi ƙura, ribin ɗin tawada ya bushe ƙayau, haruffa uku sun maƙale. Na ɗiga wa ribin kananzir, na ɓalle haruffan da tsinken sakace, na ce wa Ayuba ya karanto min tarihin daga takardarsa ta hannu, waƙoƙin kuma lambobinsu kawai za mu sa. Yatsuna sun manta nauyinta amma ba su manta hanya ba. Minti ashirin da biyar na cika shafi biyu ba kuskure ko ɗaya. A saman shafin farko na bar fili, bisa sabo, na ja masa layi huɗu da rula. Sai da na gama jan layin na tuna ba ni da abin sawa a ciki. Ayuba ya daɗe yana kallon filin. Sannan ya ɗauko wata tsohuwar takardar jana'iza a cikin tarkacena, ya yanke ɗan gicciye da reza, ya manna a tsakiya. Injin fotokwafi bai san afdet ba, ya fitar da ɗari da hamsin, ana ƙarasa na ƙarshe motar na tsayawa.

Ni na kai wa Maman Ayuba da hannuna, don ban ga dalilin da zan bar wa yaron ba. An taso da ita za a sa ta a gaban mota. Ta karɓi ɗaya, takardar da sauran ɗuminta, ta duba gaba, ta juya baya, ta sake juyowa.

"Malam, ina shi?"

"Kwamfutar ce ta lalace, Maman Ayuba. Sakacina ne."

"Ka ce yana dariya."

"Yana yi."

Ta ninke takardar biyu ta sa a cikin zane, aka rufe ƙofa. Na bi su a babur har Kaboji, na tsaya daga baya ina kallon mutane na fifita da takarduna. Kunya irin ta ranar ban taɓa jin ta ba, ko a gaban manomin Rijau.

Na ciro faifan na kai Minna, wani ya jona ya saurara ya ce allurar da ke karantawa ta karce shi. Na kai Kaduna, aka riƙe shi mako uku aka dawo min da shi. An ce akwai masu buɗe irinsa a ɗaki na musamman a Legas, ina nan ina tambaya. Ayuba har yau yana ɗauka mai ne ya ƙare. Uwarsa kuwa ban taɓa gaya mata zancen guga ba, ku ma da kuke karantawa ku riƙe bakinku in kun zo ɗinki. Ba dutsen guga ne ya yi wata da watanni yana danna sai an jima ba, ba kuma shi ke ɗora ƙafa a kan mataccen batir ba.

Yanzu duk Laraba in an yi azahar nakan ja ƙofar shagona rabi. Na canza batir, na sayi faifai na biyu. In kwashe aikin mako in zuba a ciki, in bar kwamfuta ta yi duk sabuntawar da take so, ni kuma in shimfiɗa tsumma in bi haruffan tafireta da buroshi, don in ban ba hannuna aiki ba zan iya fasa wani abu. Har yanzu abin na cin raina. Lambar nan tana rarrafe, mai na ƙonewa, mutane na leƙowa suna tsaki suna wucewa shagon gaba. Wani saurayi ya taɓa ce min, "Baba, ai na'urar lafiyarta ƙalau, ka bari sai ranar da babu mutane." Na dube shi ta saman tabarau, sai na ji ba zan iya maimaita masa maganar Malam Ndagi ba, na ce ya dawo bayan la'asar.

Faifan yana cikin durowar da ke hannun damana, a naɗe da wani guntun atamfa da Maman Ayuba ta ba ni don kada ya yi ƙura. Bayan wata biyu ko uku takan tsaya a bakin ƙofata da tef ɗin awo a wuya, ba ta shigowa. Shekaranjiya ma ta tsaya.

"Malam, an samu mai fito da shi?"

"Tukuna, Maman Ayuba."

"To. Allah ya kawo."

Ta koma. Na ji ta ja kujera, na ji ta karkaɗe wani yadi. Can sai muryarta ta zo ta bayan bango.

"Malam, guga!"

Na adana abin da nake bugawa, na sake adanawa, sannan na amsa mata.